Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Zuwa Ga Shugaban Hukumar Fina-finai Ta Nijeriya A Kan Haƙƙin Masu Ƙananan Fitowa

Zuwa ga Malam Ali Nuhu,
Manajan Darakta, Hukumar Fina-finai ta Nijeriya,
Jos.



Bayan addu'ar Allah Ya yi maka jagora a cikin amanar da aka ɗora maka tun watan Janairu na 2024, ina neman izininka, ranka ya daɗe, in shigar da wata ƙara wadda ba tawa ba ce, ba kuma masu ita suka aiko ni ba, domin galibinsu mutane ne masu kunya, waɗanda ba su buɗe baki su nemi abu sai wuya ta kai musu iyaka, wasunsu kuwa ƙasa ta riga ta rufe musu ido. Ina nufin 'yan wasan nan da ba a buga hotonsu a jikin fasta, ba a rera waƙar soyayya da sunansu, amma babu wani fim na Hausa da ke tsayuwa da ƙafafunsa sai da su: uban yarinya, da uwar miji, da liman, da boka, da maigadi, da alƙali, da dillaliya mai shiga gida-gida da tsegumi a bakinta. Na zaɓi in aiko maka da ita ne saboda kai ka san ciki ka san waje, ka tsaya gaban kyamara shekaru masu yawa, ka riƙe jakar kuɗi a matsayin furodusa a kamfaninka na FKD, yanzu kuma ga ka bisa kujerar hukuma, ta yadda babu wani uzuri da za a kawo a cikin wannan magana wanda ba ka riga ka ji shi ba, ko ma ka taɓa kawo shi da kanka.

Ni ba ɗan fim ba ne, tsohon malamin makaranta ne da ke zaune a unguwar Gesse, nan Birnin Kebbi, iyakar ilmina a wannan fanni kuwa shi ne na mai kallo wanda ya daɗe yana kallo. To amma daɗewar ta koya mini lura da wani abu. Idan aka yi sallar lisha, iyali suka taru gaban talabijin, ko yara suka haɗa kai a kan waya guda, abin da ke sa tsohuwa ta ajiye carbinta ta ɗago kai shi ne fitowar tsararta, watau lokacin da dattijo zai shigo, a gaya masa 'yarsa ta ƙi mijin da ya ba ta. Minti guda aka ba shi, wani lokacin ma bai kai ba. Sai ka ga bai yi gaggawar magana ba, ya gyara zaman hularsa, ya jawo buta kusa da shi kamar zai yi alwala alhali ba alwalar zai yi ba, ya dubi uwar yarinyar, ya kau da kai, kana ya faɗi kalma uku ko huɗu cikin sanyin murya, waɗanda duk wanda ya tashi a gidan Bahaushe ya san sun fi tsawa nauyi. Wannan jinkiri da jawo butar babu marubucin da ya rubuta su, domin sanannen abu ne cewa a mafi yawan fina-finanmu, musamman na shekarun baya, darakta kan gaya wa irin wannan dattijo gundarin abin da ake so ne kurum, shi kuwa ya ɗebo lafazi da karin magana da habaici daga rumbun kansa. Ashe ke nan rabin marubuci ne, sau da yawa kuma shi ne mai kayan sawar kansa, tun da da babbar rigarsa da rawaninsa yakan zo wurin ɗauka.

Mu a nan ƙasar Kabi ba sai an yi mana dogon bayani ba. A bikin kamun kifi na Argungu mutum guda ake ɗaga hannunsa a miƙa masa kyauta, amma duk wanda ya taɓa tsayawa a bakin kogin Matan Fada ya san cewa abin da ke jawo baƙi daga nisan duniya shi ne dubban masuntan da ke rugawa cikin ruwa lokaci guda, kowa da homarsa da gorarsa, da makaɗan da ke bin su a cikin kwale-kwale. Ranar da aka wayi gari gwani ya shiga ruwa shi kaɗai, ko da giwan ruwa mai girman saniya ya kamo, babu biki.

Ranka ya daɗe, waɗannan mutane su ne tushen sana'ar da kake shugabanta, domin kafin ƙungiyar Tumbin Giwa ta fito da Turmin Danya a Kano a 1990, an shafe shekaru ana wasan kwaikwayo a gidajen rediyo da talabijin na Kaduna da Kano da Jos da Sakkwato, kuma daga can aka gaji dattawan da suka zama iyaye a fina-finan bidiyo. Marigayi Kasimu Yero, wanda ya rasu a Kaduna a 2017, misali ne da ya isa a tsaya a kansa. A cikin Cock Crow at Dawn, wasan nan na Turanci a kan noma da NTA ta soma ɗauka a ƙasar Jos a 1980, ba shi ne mai gidan da labarin ke zagayawa a kansa ba, kawu ne mai suna Gaga, mutum mai taurin kai da ƙin sabon abu. Amma sai ga shi mutanen Legas da na Inugu, waɗanda ba su jin ko sannu da Hausa, sun riƙe sunan Gaga har bayan sun manta da yadda labarin ya ƙare. Haka marigayi Umar Malumfashi, wanda wasu suka sani da Bankaura, na baya kuma suka san shi da Ka-fi-gwamna a cikin Kwana Casa'in, ya rasu a 2022. Haka Hajiya Saratu Giɗaɗo, Daso, wadda ta rasu a watan Afrilu na 2024, a ƙarshen azumi, bayan ta shafe shekaru fiye da ashirin tana ɗaukar nauyin da 'yan mata ba su yarda su ɗauka, na muguwar uwar miji da kishiya mai bin bokaye. Irin wannan fitowa tana da tsadar da ba a lissafa ta a cikin sallama, domin akwai masu kallo da yawa da ba su raba mutum da rigar da ya ara, kuma na sha jin mata a unguwarmu suna tsine wa mai irin wannan fitowa da gaske, da sunanta na yanka, alhali ƙwarewarta ce ta kai su ga tsinuwar.

Yanzu bari in zo kan abin da ya sa na ɗauki alƙalami, ko da yake na san zan taɓa wurin da ke da ciwo. A watan Fabrairu na 2022, Hajiya Ladin Cima, wadda tsofaffi suka sani da Tambaya tun zamanin wasannin talabijin, ta yi hira da sashen Hausa na BBC a shirin Daga Bakin Mai Ita, inda ta bayyana cewa abin da akan sallame ta da shi a fim naira dubu biyu ne zuwa dubu biyar, har ta kai ga rashin muhallin kanta bayan shekarun da ta kwashe a sana'ar. Ƙura ta tashi. Kai da kanka, da Malam Falalu Ɗorayi, kuka fito kuka ce a ayyukanku kun biya ta abin da ya fi haka nesa ba kusa ba, wasu suka goya mata baya, wasu suka goya muku, aka yi makonni ana cacar baki a Facebook da Instagram, sa'an nan wani sabon zance ya zo ya ture wannan. Ban rubuto don in yi hukunci tsakaninku ba, kuma ba ni ƙaryata ko ɗaya daga cikinku, domin yana yiwuwa ƙwarai kowa gaskiyarsa ya faɗa, ita tana ba da labarin abin da ta saba gani a hannun mafi yawa, ku kuna ba da labarin abin da ya fita daga hannunku. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne, a cikin sana'ar da ta haura shekara talatin, wadda ke ciyar da dubban gidaje, gardama a kan ladan aiki ta tashi tsakanin dattijuwa da manyan masu shirya fim, aka wayi gari hujjar kowane ɓangare ita ce bakinsa.

A nan ƙasar Gwandu, inda Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya bar mana gadon karatun fiƙihu, ko ɗalibin da bai wuce littafin Risala ba ya san cewa ijara, watau ɗaukar mutum aiki da lada, tana da sharuɗɗa, kuma daga cikin manyansu akwai sanin aikin da sanin ladan tun kafin a soma, saboda jahiltar lada garari ne, garari kuwa shi ne uwar husuma. Malamai sun yi bayani cewa idan aka ƙulla ijara a kan jahilci har aiki ya gudana, to abin da ke wajaba shi ne ladan misali, gwargwadon abin da ake biyan irin wannan ma'aikaci a kan irin wannan aiki, ba gwargwadon abin da ya sawwaƙa a aljihun mai aiki da la'asar ba. Kuma aya mafi tsawo a cikin Alƙur'ani mai girma, wadda ke cikin Suratul Baƙara, a kan rubuta bashi da kafa shaidu ta sauka. To yaya za a ce masana'antar da kusan kowane fim nata ke buɗewa da bisimilla, ke kuma rufewa da hamdala, ita ce ake kiran dattijo a waya da dare, a ce masa gobe akwai aiki, ya hau mota da kuɗinsa, ya yini a rana yana jiran a gama da jarumai, a ɗauki fitowarsa biyar ko shida gab da magariba, kana a dunƙula masa wani abu a hannu, shi kuma kunya da tsoron kada gobe a ƙi kiransa su hana shi buɗe hannun a gaban jama'a? Na san za a ce al'ada ce, kuma al'ada tana da matsayi a shari'a. Haka ne, amma al'adar da fuƙaha'u ke nufi ita ce wadda ta zaunu har kowa ya san adadinta, ba wadda mai ƙarfi ke yankewa shi kaɗai ba.

Ba zan zalunci furodusoshi ba. Na ga lokacin da kasuwar kaset da faifai ta Ƙofar Wambai ke ci, na kuma ga lokacin da ta mutu, sa'ad da masu tura fim a waya suka cika kowace kasuwa, har da tamu ta Birnin Kebbi, inda yaro da kwamfuta guda a cikin rumfa zai zuba maka fim goma a kan kuɗin da bai kai na kwanon shinkafa ba, ko anini kuwa ba ya komawa Kano. Mutane da yawa sun karye a wancan lokaci, wanda ya karye kuwa ba a tambayarsa adalcin rabo. Amma zamani ya sake juyawa. Tun da aka koma fina-finai masu dogon zango, irin su Daɗin Kowa a tashar Arewa24, da Izzar So da Labarina da Gidan Badamasi, da sauran waɗanda ake sakawa a YouTube mako-mako, adadin masu kallo a rubuce yake a ƙarƙashin kowane kashi, kowa na gani, kuma fim ɗin da aka ɗora bara yana nan yana kawo kuɗi bana, zai kuma kawo baɗi, ko mai fitowar yana raye ko ya mutu. Uzurin da aka daɗe ana kawowa, cewa ba a san abin da fim ya samu ba balle a raba, ya raunana ƙwarai.

Wannan ciwo ba mu kaɗai ya kama ba. Duk Bahaushen da ya shiga silima a shekarun baya ya san fim ɗin Sholay na 1975, ya kuma san makahon limamin nan na ƙauye wanda aka kashe masa ɗa. Sunan mai wannan fitowa A. K. Hangal, ya yi fina-finai fiye da ɗari biyu a Indiya yana uba ko kawu ko bara mai amana, amma a 2011 sai da jaridu suka buga cewa ya kasa biyan kuɗin magani kafin manyan jarumai su kai masa ɗauki, ya rasu a shekarar da ta biyo. A Amurka kuwa, ko da yake tun 1937 suke ba da lambar Oscar ta musamman ga mai taimaka wa jarumi, 'yan wasan can sun gane cewa lamba ba ta biyan kuɗin asibiti, saboda haka a 1960 ƙungiyarsu, a ƙarƙashin Ronald Reagan wanda daga baya ya zama shugaban ƙasa, ta shiga yajin aiki, har kamfanoni suka yarda da biyan wani kaso duk lokacin da aka nuna sabon fim a talabijin, suka kuma zuba kuɗin kafa asusun fansho da na lafiya. Babban jarumi bai cika bukatar wannan kaso ba. Wanda ya amfana shi ne mai ƙaramar fitowa, wanda 'yan kuɗin da ke ɗigo masa daga tsofaffin ayyuka ke riƙe shi a shekarun da waya ta daina ƙara.

Mu ma ba a rasa doka ba. Nijeriya ta amince da yarjejeniyar Beijin ta 2012 a kan haƙƙin masu fitowa a fim, sabuwar Dokar Haƙƙin Mallaka ta 2022 tana da sashe a kan haƙƙin masu wasa, akwai kuma ƙungiyar AVRS da aka ba izinin karɓo kuɗin nuna fina-finai ta raba wa masu haƙƙi. Sai dai irin waɗannan dokoki suna jingina abubuwa da yawa ga abin da aka ƙulla a yarjejeniya, wanda ba shi da takarda kuwa, ba shi da abin da zai nuna wa lauya, balle alƙali.

Na san hukumarka, wadda aka kafa tun 1979, ba ita ke ba da lasisi ba, ba ta kuma da 'yan sanda. Ikon lasisi yana hannun hukumomin tace fina-finai, ta tarayya da ta Kano. Amma kana da abin da ya fi sanda a wannan masana'anta, watau ana jin maganarka, kuma akwai ƙofofin da mabuɗinsu ke hannunka. Abin da nake roƙo shi ne hukumar ta sa a tsara takardar yarjejeniya mai shafi guda, da Hausa, da boko da ajami, wadda za ta faɗi sunan fim, da yawan fitowa ko kwanakin aiki, da adadin lada, da ranar biya, da kason da zai biyo baya idan an sayar wa wata tasha ko an ɗora a intanet, kome ƙanƙantarsa. A zauna da ƙungiyar masu sana'ar fim ta MOPPAN da sauran ƙungiyoyi da hukumar tace fina-finai ta Kano a amince da ita. Sa'an nan ka shar'anta cewa duk fim ɗin da ke neman tallafin hukumarka, ko shiga bikin fina-finai na Zuma, sai ya nuna irin wannan takarda ga kowane mai fitowa, tun daga jarumi har maigadi. A koyar da ita kuma a Cibiyar Koyon Fim ta Ƙasa da ke nan Jos, domin yaran da za su zama furodusoshin gobe su tashi da ita. Idan kuwa kamfanin FKD ne ya fara aiki da ita a bainar jama'a, to ka rufe bakin duk mai cewa ba za ta yiwu ba. Batun lafiya ma ba sai an ƙirƙiro sabon abu ba, tun da dokar inshorar lafiya ta 2022 ta buɗe hanyar shiga a ƙungiyance, jihohi kuma suna da nasu hukumomin, kamar KECHEMA a nan Kebbi. Abin da ya rage shi ne a cire ɗan wani abu daga kasafin kowane fim a biya wa dattawan.

Za a ce ai ana taimaka musu, kuma gaskiya ne ana yi, Allah Ya saka wa masu yi. Lokacin da marigayi Abdullahi Shu'aibu Karkuzu, wanda ya rasu a 2025 a garin da ofishinka yake, ya tsufa, idonsa ya tafi, maganar muhalli ta tsananta gare shi, ɗan ƙwallon nan Ahmed Musa ya share masa hawaye, kuma babu mai raina wannan alheri sai butulu. Amma kafin alherin ya iso, sai da aka kai kyamara gaban dattijon da ya shekara arba'in yana sa Arewa dariya, ya faɗi halin da yake ciki da bakinsa, duniya ta gani. Wannan hanya, ta jira sai mutum ya kwanta a ɗauki bidiyonsa a rubuta lambar asusu a ƙasa, ta zama kamar ita ce fanshon masana'antar, alhali tana cin mutuncin wanda ake taimakon, kuma ba ta isa sai ga wanda fuskarsa ta shahara. Wanda ya yi liman sau ɗari ba a taɓa sanin sunansa ba, wa zai tura masa?

Wannan ya kawo ni ga ma'ajiyar fina-finai da sauti ta ƙasa da ke ƙarƙashinka. Na yi murna da jin yadda aka farfaɗo da Shaihu Umar, fim ɗin marigayi Adamu Halilu na 1976, har aka nuna shi a bikin fina-finai na Berlin a 2018. To, mu ma nan yamma muna da abin da muke jin tsoron ɓacewarsa. Kafin a yanke jihar Kebbi daga Sakkwato a 1991, gidan talabijin na Sakkwato shi ne namu, kuma wasanninsa, irin su Idon Matambayi, su suka raini yaran Birnin Kebbi da Argungu da Jega da Gwandu, da Hausarmu ta nan, wadda a fina-finan Kano, in ka yi mini afuwa, ba a cika sa ta a bakin kowa ba sai boka ko baƙauye abin dariya. Kaset na wancan zamani ba ya jure zafi da ƙura, kuma gidajen talabijin sun sha goge tsohon shiri su ɗora sabo saboda tsadar kaset. Ina roƙon ka aiko ma'aikatan ma'ajiyar su bi Sakkwato da Birnin Kebbi da Kaduna da Kano, su kwafe abin da ya saura, su zauna da dattawan da ke raye su naɗi tarihinsu daga bakinsu, su rubuta sunan kowa na yanka kusa da sunan da aka san shi da shi a wasa, da jerin ayyukan da ya fito a ciki. Wannan rajista ita ce kuma za ta zama madogara ranar da aka tashi rabon kason da na ambata a sama, domin magada su san abin da za su nema, da inda za su neme shi.

Allah Ya ƙara maka lafiya, Ya jiƙan waɗanda suka riga mu.

Wassalam.

Naka,
Wani tsohon malamin makaranta,
Gesse, Birnin Kebbi.